Hoton da Kuka Buga Ba na Delhi Ba Ne

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kai da abokan aikinka kuna lafiya, ina roƙon ɗan fili in yi gyara a kan wani hoto, in kuma ɗora da wani abu da ya daɗe yana ci mini tuwo a ƙwarya.

A fitowarku ta makon jiya kun buga labarin 'yan'uwanmu masu zuwa Indiya neman magani. Labari ne mai amfani, Allah Ya saka da alheri. Sai dai hoton da kuka ɗora a samansa, wata doguwar hasumiya mai hawa-hawa da aka cika da mutum-mutumi masu launi iri-iri, kun rubuta a ƙasansa cewa gidan bautar 'yan Hindu ne a Delhi. Malam Edita, wannan hasumiya ba ta taɓa ganin Delhi ba. Ƙofar kudu ce ta babban gidan bautar Madurai, a jihar Tamil Nadu, can ƙasan taswira, kuma tsakaninta da Delhi ya haura kilomita 2,000. Na tsaya a gindinta da ƙafata, na ɗaga kai har hulata ta faɗi. Abin da kuka yi kamar a ɗauko hoton hasumiyar masallacin Agadas ne a rubuta Legas a ƙasa.

Kafin wani ya ce tsoho ya je Indiya ya dawo yana tallan gumaka, bari in share fage. Ni Musulmi ne ɗan Musulmi. Abin da ake yi a cikin waɗannan ɗakuna ba ruwana da shi, kuma ban taka inda suka keɓe wa mabiyansu ba. Magini ne ni, ɗan magini. Mahaifina, Allah Ya jiƙansa, da tubali da azara ya ciyar da mu a cikin birnin nan, ni kuma da bulo da siminti na ciyar da nawa, shekara 30 da ɗoriya. Mahauci in ya ga sa, ƙiba yake dubawa, ko san na waye. Haka magini in ya ga bango.

Ciwon ƙodar Yayana ne ya kai ni. Aka yi masa dashe a Cennai, babban birnin jihar Tamil Nadu, ɗansa ya ba da ƙodar, ni kuma ɗan jinya. Bayan tiyata likitoci suka ce sai mun zauna wata biyu ana dubawa. Da ya ga na fara ƙirga tayil ɗin ɗakin, Yaya da kansa ya ce, "Kai, fita ka ga gari. Zamanka a kaina ba shi zai sa ƙodar ta kama ba." Na ce, "To, Yaya." Kafin wannan rana, abin da na sani game da gidajen bautarsu shi ne abin da kowane Bakano ya sani daga fim: matakala, ƙararrawa, wata tsohuwa tana kuka. Na ɗauka duk uwa ɗaya ta haife su.

Na fara da Mahabalifuram, ƙaramin gari a bakin teku, kilomita 60 ko ƙasa da haka kudu da Cennai. A can akwai wasu ɗakuna biyar da sarakunan Fallaba suka sa aka yi a ƙarni na 7. Na ce ɗakuna, amma ba gina su aka yi ba. Dutse aka tarar a kwance, aka yi ta sara ana zubar da abin da ba a so har ɗaki ya fito, babu haɗi ko ɗaya. Abin da ya tsayar da ni rufinsu ne, don ba iri ɗaya ba ne. Na farko jinka ce sak, irin ta bukkar ƙauye, har da lanƙwasar da ciyawa ke yi in ta kwanta, amma da dutse. Wani dogo ne, rufinsa kamar an kife kwalekwale. Wani bayansa a zagaye kamar gadon bayan giwa, ga giwar ma an sassaƙa a gefensa, kamar don kada ka yi gardama. Mafi tsawonsu hawa-hawa ne, kowane hawa ya fi na ƙasansa ƙanƙanta. Ba a ma ƙarasa su ba, a gindin wasu har yau ana ganin sawun bakin ƙarfe. Ni a idona kamar tela ne ya baje samfur gaban mai kuɗi ya ce zaɓi. Kuma kudu ta zaɓa: mai hawa-hawan nan shi ya zama hasumiyar ɗakin tsakiya, kifaffen kwalekwalen kuma ya hau saman ƙofofi. Ku sake duban hoton da kuka buga, za ku gan shi a ƙoli.

Abin da ban zata ba shi ne ƙarar da ke garin. Tun daga tasha kake jin ƙas, ƙas, ƙas, kamar unguwar maƙera. Masassaƙa ne a bakin titi, yara da manya, fuska fari fat da ƙurar dutse, wasu da guduma, wasu da injin gurza. A garin akwai kwalejin gwamnati da aka kafa tun 1957 don koyar da wannan gini da sassaƙa kaɗai. Babban gwani a wurinsu sunansa sitafati, kuma ba a ba mutum wannan suna don ya iya magana. Ɗaya daga cikin waɗanda suka shugabanci kwalejin, Ganafati Sitafati, shi ya tsara wani mutum-mutumi mai tsawon ƙafa 133 da aka kafa a Kanyakumari, inda ƙasar Indiya ta ƙare a teku. Ku riƙe maganar kwalejin nan, zan dawo kanta.

Jirgin ƙasa na dare ya kai ni Tanjabur, kuma in da ita kaɗai na gani a tafiyar, kuɗin tikitina ya fita. Sarki Rajaraja na daular Cola (ba ruwanta da lemon kwalba) ya kammala ginin a 1010. A lissafin tarihin da muka gada, Bagauda ke sarautar Kano a lokacin. Hasumiyar da ke kan ɗakin tsakiya, wadda suke kira bimana, ta kai wajen ƙafa 200. Gefenta a miƙe yake, ba lanƙwasa, hawa 13 tana tsukewa, kamar dalar gyaɗar da muka taso muna gani, sai dai wannan ba jirgin da zai kwashe ta. A ƙoli an ɗora wani dunƙulen dutse mai kama da tulluwa, ana cewa nauyinsa ya kai tan 80. Mutanen garin suna ba da labari cewa tudun ƙasa aka tara mai nisan tafiya, giwaye suka ja dutsen har sama. Kuma duk ginin dutsen nan ne mai tauri da muke fasawa mu yi tsakuwar kankare, alhali Tanjabur ƙasar shinkafa ce ta bakin kogin Kaberi, babu irin wannan dutse a kusa. Daga nesa aka yi ta jigilarsa.

A bakin ƙofa ake tuɓe takalmi, ni kuma na yi wautar zuwa da rana tsaka. Daɓen dutsen ya ɗau zafi kamar kaskon tuya. Na dinga tsalle daga wannan inuwa zuwa waccan, tsoho da furfura, wasu 'yan makaranta suna ta ƙyalƙyala dariya. Da na samu gindin bango na tsuguna, sai hali ya motsa. Na zaro tikitin jirgina na nemi in cusa shi a haɗin duwatsu biyu. Ya ƙi shiga. Ban ga kwaɓi a haɗin ba, nauyi ne da dacewar yanka ke riƙe da su. Sannan cikin hasumiyar fanko ne. Kowane layin dutse yana ɗan leƙowa ciki fiye da na ƙasansa, sannu sannu har bakin ya haɗe a sama. A nan na tuna Baba. Haka yake ɗaure bakan gizo: ya kafa azara a bango ta leƙo, ya ɗaure, ya yaɓe, ya bari ta sha iska, sannan ya ƙara wata a kai ta ƙara leƙowa, har na dama da na hagu su gaisa a tsakiya. Su da dutse, mu da giginya da laka, amma dabarar 'yar gida ɗaya ce.

Akwai wani abu kuma a gindin ginin. An zagaye shi da rubutun Tamil, an lissafa abin da sarki da 'yar'uwarsa suka bayar, da sunayen ma'aikata ɗaruruwa da ladan kowa. Shekara 1,000, takardar albashi tana nan a jikin bango. Ni kuwa akwai ɗan kwangilar da na yi wa aiki shekara huɗu da suka wuce, har yau cikon kuɗina bai fito ba, kuma ko a takarda babu sunana.

A Madurai, garin hotonku, sai abin ya juye. A Tanjabur ɗakin tsakiya ne maigida, ƙofofi suna ƙasa da shi. A Madurai ƙofofin ne suka fi ƙarfin gidan. Suna ce musu gofuram, guda 14 ne, mafi tsawo ita ce ta kudun nan, wajen ƙafa 170. Ɗakunan tsakiya kuwa ƙanana ne, an lulluɓe rufinsu da zinariya, daga titi ba ka ma hango su. Da zamani ya tafi, sarakunan baya ba su taɓa tsohon ɗakin ba, sai dai kowa ya ƙara katanga a waje ya kafa ƙofar da ta fi ta magabacinsa. Yawancin abin da ake gani yau aikin sarakunan Nayak ne na ƙarni na 16 da na 17. Mafi shahara a cikinsu, Tirumalai Nayak, ya hau a 1623, shekarar da Kutumbi ya hau gadon Kano. Wannan ɗabi'a ba baƙuwa ba ce a wurin Bakano. Mu ma a zaure attajiri ke nuna arzikinsa, ciki kuwa sai wanda aka yi wa iso.

Gindin gofuram dutse ne, amma daga nan zuwa sama jan bulo ne da farar ƙasa, mutum-mutumin duk na kwaɓi ne, shi ya sa suke ɗaukar fenti. Bisa al'adarsu duk bayan shekara 12 ake ɗaure katakai a hau a gyara abin da ya ɓantare, a sake shafe su. Wato su ma suna da nasu yaɓen. In faɗi gaskiya, launin ya yi mini yawa, kamar rumfar mai robobi a Sabon Gari. Na fi son dutsen Tanjabur da ba a shafa masa komai ba. Amma tsarin garin ya burge ni: tituna sun yi wa ginin zobe, murabba'i cikin murabba'i, da sunayen watannin Tamil, adaidaita sahu na ta ɗinki a tsakani. Can ne gidan uban adaidaita, in ba ku sani ba.

Bayan shekara uku na koma, wannan karon arewa, bikin kammala karatun yaron wajena na fari a wata jami'a kusa da Delhi. Na ce masa tukuicina ɗaya ne, ya raka ni Kajuraho, a jihar Madiya Firadesh. Da muka isa sai na ga kamar wata ƙasa aka kai ni. Babu doguwar katanga, babu ƙofa mai hasumiya. An ɗora kowane gini a kan wani babban dakali, sai ka hau matakala. Rufin mashiga gajere ne, na bayansa ya fi shi, na bayan wannan ya ƙara fi, kamar duwatsu a jere, har a kai ga babbar hasumiya, wadda su a arewa suke kira shikara. Ba a miƙe take kamar ta Tanjabur ba, ta lanƙwaso ciki a hankali kamar goyon masara. A mafi girmansu, Kandariya Mahadeba, wanda aka gina wajen 1030, tsawonta ƙafa 100 ne da 'yan kai, kuma ƙananan hasumiyoyi 84 sun manne mata, kowace kamanninta, kamar kaza da 'yan tsaki. A samanta akwai wani faifan dutse mai tsaga-tsaga kamar an danne gauta. Amalaka suke ce masa, sunan wani ɗan itace ne na can. A kansa kuma tulu.

To ga alamar da ma'aikacinku zai riƙe. In ya ga goyon masara da gauta a kai, wannan salon arewa ne, sunansa Nagara. In ya ga dala mai hawa-hawa, ko ƙofa mai kifaffen kwalekwale, na kudu ne, sunansa Dirabida.

Sarakunan Candela ne suka gina Kajuraho, galibi tsakanin 950 da 1050. An ce sun kai 85, yau 20 da 'yan kai suka rage, kuma nisan wurin da dajin da ya rufe shi sun taimaka wajen tsirar da su. A 1838 wani hafsan Ingila mai suna Burt ya je ya ba da labari, aka ce ya gano, alhali mutanen wurin ne suka nuna masa hanya. Dutsen can na yashi ne, ya fi na kudu sauƙin sara, shi ya sa bangon ya cika da sassaƙa kamar aikin allurar babbar riga. Sai dai akwai ɓangaren da ba a zuwa da ɗa. Wani kaso kaɗan na sassaƙen na rashin kunya ne ƙarara. Ina tsaye ina auna kaurin dakali da taƙi, na ɗaga kai, yaron ma ya ɗaga. Ɗan fari ne, ko sunansa ba na faɗa. Shi ya shiga danna waya kamar an aiko masa saƙon gaggawa, ni kuma na duƙufa nazarin magudanar ruwa. Har muka koma masauki babu wanda ya ce uffan.

Sauran a hoto da bakin mutane na san su. Tsakanin arewa da kudu, a Karnataka, akwai Fattadakal, inda sarakunan Calukiya suka gina salon biyu kafaɗa da kafaɗa a fili ɗaya a ƙarni na 7 da na 8. Daga wannan yanki aka samu ruwa biyun da ake kira Besara. Can ne kuma sarakunan Hoysala suka zo da nasu, kamar na Belur da aka fara a 1117, zamanin Gijimasu, wanda ya fara ganuwarmu. Su gindin gininsu tauraro ne mai tsinaye da yawa, don bango ya samu lungu-lungun ɗaukar ado. Dutsensu laushi gare shi in an haƙo, sai ya sha iska ya ƙara tauri, har ginshiƙansu kamar ƙafar gado da aka juya a injin kafinta. Masassaƙan suna rubuta sunansu a ƙasan aikinsu. A 2023 UNESCO ta sa uku daga cikinsu a jerin kayan tarihin duniya.

Wanda ya ƙarasa buɗe mini ido ma a nan Kano yake. Wani injiniya ne ɗan Indiya da muka yi aikin sito tare a Sharaɗa. Wata rana muna cin gyaɗa a inuwar tirela na nuna masa hotunan wayata, ina jiran ya ce madalla. Sai ya yi dariya ya ce, da Hausarsa ta 'yan koyo, "Alhaji, wannan na Tamil ne. Namu ba haka ba." Shi ɗan Kerala ne, maƙwabtan Tamil Nadu, tsauni kawai ya raba su. Ya nuna mini nasu: gajeru, rufi mai gangara sosai ya sauko kusan ƙasa, na katako, an rufe da jan tayil ko fallen tagulla, bangon kuma jar ƙasar nan ce mai tauri da ake yankawa kamar bulo, wasu ɗakunan ma a zagaye suke. Na ce me ya sa? Ya nuna sama. Ruwan da ke sauka a Kerala a shekara ya ninka na Kano sau uku ko fiye. Ka kafa musu hasumiyar kwaɓi mai fenti, damina kaɗan za ta ci ta. A Bengal kuma, ƙasar laka da koguna, dutse ne ya yi ƙaranci, sai suka gasa ƙasa suka yi bulo, suka kwaikwayi rufin bukkar gora mai lanƙwasa. A Bishnufur akwai wanda aka gina a 1655, kamar bukka biyu ne aka jingina da juna.

Da ma asalin tsarin kusan ɗaya ne ko'ina. Ana raba fili murabba'i-murabba'i, 64 ko 81, a tsakiya a kafa ɗan ƙaramin ɗaki mai duhu, ba taga, suna ce masa garbagiriha, wato ɗakin mahaifa, a gabansa rumfa mai ginshiƙai. Daga nan sai ƙasa ta yi magana: wane dutse gare ku, wane ruwa ke dukanku, kuma aljihun sarkinku yaya yake.

A aljihun tebur ɗina akwai takardar rupi 10 da ta rage mini. A bayanta akwai hoton ƙafar keken dutse ta Konark, a jihar Odisha, gidan bautar da Sarki Narasimhadeba ya gina wajen 1250 a siffar keken doki, ƙafafun keken 24, dawaki 7. Babbar hasumiyarsa ta rushe tun tuni, kuma a 1903 Turawa suka cika rumfar da ta rage da yashi don kada ta bi sahu. Kango ne, amma sun sa shi a kuɗinsu. Rupi 20 na ɗauke da kogunan dutse na Elora, rupi 50 kuma keken dutse na Hamfi. Na juya namu ɗaya bayan ɗaya. Ginin da na samu shi ne hedikwatar Babban Banki a bayan naira 1,000.

Yanzu ga tuwon da ake ci mini. Mu ma muna da irin wannan bambanci, kuma akwai lokacin da ido ke gane shi. Baba in ya ga hoton gida, kafin a gaya masa zai ce wannan hannun Zariya ne, wannan na Damagaram, wannan namu ne. Zanen fuskar gidajen Zariya daban, na unguwar Birni a Damagaram daban, Gobarau ta Katsina daban, hasumiyar Agadas mai itatuwa a jiki daban. Babban Gwani Muhammadu Durugu ya ɗaure bakunan masallacin Juma'a na Zariya a wajajen 1830, har yau masu karatun gini daga ƙasashen waje suna zuwa kallon abin da ya rage a cikin sabon ginin da aka lulluɓe shi da shi. Kuma sana'ar ba ita kaɗai take tafiya ba. Makuba daga ɗorawa take. Laso sai da katsi daga marina, da gashin jima daga majema, da dafara daga daji. Rinin Ƙofar Mata in ya yi rauni, rufin soro ma ya ji a jikinsa.

Yau ka tashi daga Kano ka bi Zariya ka sauka Ibadan, ka duba sababbin masallatai: ƙubbar kwano koriya, tayil ɗin banɗaki a fuska, tagogin alminiyam. In aka rufe maka ido aka sauke ka a gaban ɗaya, ba za ka san garin da kake ba. Kuma ba zan ɗora wa kowa ba, don da hannuna na gina wasu daga ciki. Na iya dakin, na iya ɗaurin rodi, amma in ka ba ni azara ka ce in ɗaure maka ɗaurin guga ni kaɗai, sai dai in ji kunya. Na riƙe wa Baba igiya, na miƙa masa tubali, amma lokacin da ya kamata in koya sai siminti ya shigo da kuɗi, na bi kuɗi.

Ba cewa nake a koma laka ba. Na san wahalar yaɓe duk shekara, na san yadda bango ke zubowa kan mutane a watan Agusta, kuma gidajen kwanan Indiyawan ma kankare ne mara fasali kamar namu. Bambancin shi ne su sun ware wani gini sun ce wannan sai da tsohon hannu, suna biya, kuma akwai makarantar da ke fitar da masu hannun. 'Yan kasuwarmu masu zirga-zirgar Dubai sun ga wanda aka buɗe a Abu Dabi a Fabrairun 2024, mai shikara 7. A Rajastan aka sassaƙa duwatsun, aka sa musu lamba, aka yo jigilarsu ta ruwa, aka harhaɗa ba rodi. Salon arewa ne tsantsa, a tsakiyar hamada, a zamanin nan namu. Mu kuwa Gidan Makama na nan, Gidan Rumfa na nan, Gidan Ɗan Hausa na nan, amma in baka ya tsage a cikinsu, mutum nawa suka rage a birnin nan da za su iya ɗaure shi? Waɗanda na sani ba su cika yatsun hannu ɗaya ba, kuma ƙaraminsu ya girme ni. Ganuwa kullum ana gutsura. Ƙofar Na'isa ta asali an rushe ta a 2010 don faɗaɗa titi, muna kallo. Me zai hana attajirin da zai gina masallacin unguwa ya ce zauren shiga da bakan gizo yake so, da zankwaye, da indararo? Me zai hana makarantun koyon sana'a su ɗauki tsofaffin nan ko da kwana biyu a mako, a ba su alawus, yara su riƙe musu igiya kamar yadda na riƙe, amma su kada su saki?

Bara aka raba gadon gidanmu. Zauren da Baba ya ɗaure da hannunsa, mai baka huɗu da suka haɗu a tsakiya da tasar tangaran a mahaɗar, ya faɗo a rabon da aka sayar. Kwana biyu aka yi ana rusa shi, don ya ƙi faɗuwa. Yanzu shaguna uku ne, ɗaya na cajin waya. Azarar kuma mai gidan burodi ya saye ta a matsayin itace. Na roƙi guda ɗaya aka ba ni, tana jingine bayan ɗakina, ta fi shekara 60, gara ba ta taɓa ta ba.

Saboda haka, Malam Edita, a gyara rubutun hoton nan, a ce Madurai. In kuma kuna da mai ɗaukar hoto da zai iya ba da yini guda, ku turo mini shi kafin ruwa ya sauka. Akwai zauruka shida da na sani a lungunan cikin birni da har yanzu suke tsaye, biyu an riga an yi musu kuɗi. Ya zo da takalmin da ba ya tsoron kwata.

Wassalam.

Naku,
Wani tsohon magini,
daga cikin birnin Kano.